Taliya da Kayan Lambu da Cuku: Yadda Ake Haɗa Ta Ba Ta Caɓe Ba

Da rani, idan kayan lambun Kadawa da Kura da fadamun Haɗeja suka cika kasuwa, karas da kabeji suka yi araha, lokacin wannan taliyar ya yi. Gefen soyayyen kifi ko gasasshiyar zabuwa ake zuba ta, don haka ba a so ta yi romo kamar dafa-duka, ba a kuma so yaji ya danne ɗanɗanon cukun.

Uwargida, ki fara sanin halin cukunmu: ba ya narkewa. Na kanti ne ke narkewa yana jan zare. Wanda aka tsinka da lemon tsami ko da tumfafiya kuwa, ko ya daɗe a wuta yana nan a dunƙule, sai dai ya yi tauri. Shi ya sa ake soya shi daban, a zuba shi daga ƙarshe.

Idan akwai ruga kusa, ki sayi madarar shanu ta safe lita 2. Madara fa, ba nono ko kindirmo ba. Ki ɗora a wuta kaɗan kina juyawa don kada ta kama gindin tukunya. Da ta taso, ki janye itacen, ki zuba ruwan lemon tsami cokali 4 a hankali. Za ta rabu, farin gudaji a sama, ruwa mai ɗorawa-ɗorawa a ƙasa. In ba ta rabu sarai ba, ki ƙara cokali 1. Tsamin da ya wuce haka yakan sa cukun ya yi garas-garas. Ki tace a farin ƙyalle mai tsabta, ki barbaɗa gishiri kaɗan, ki ɗaure, ki danne da turmi ko dutse na minti 40. Cukun da bai sha danni ba wargajewa yake yi a cikin mai. Ki yanka shi kamar awara ƙanana, ki soya a man gyaɗa har gefensa ya yi ja, ki kwashe.

Busasshen cukun da ake shigowa da shi daga Nijar, irin na kasuwar Maigatari, shi ma yana yi, amma dakawa ake a barbaɗa a kai.

Ga leda ɗaya ta makaroni mai giram 500, ki tanadi albasa 2, karas 3, tattasai 3, attarugu 1, tumatir 2, rubu'in kabeji, tafarnuwa ƙwaya 3 da dunƙule 2. Makaroni ya fi doguwar taliya dacewa, domin kayan lambun na shiga tsakaninsa maimakon su taru a gindin kwano.

A man da kika soya cuku ki bar cokali 5. Albasa ce farko, har ta yi laushi. Sai karas da aka yanka siri-siri, ki ba shi minti 4 shi kaɗai, don ya fi sauran tauri. Sannan tafarnuwa, attarugu, tattasai da tumatir. Kabeji ne ƙarshe, minti 2 ya ishe shi. Masu zuba komai lokaci ɗaya su ne ke samun kabeji ya narke ya saki ruwa, karas kuma yana gurus-gurus. Kada ki rufe tukunyar, tururi ne ke kashe launin kayan.

Ruwan taliya ya zama mai yawa, kamar lita 4, da gishiri babban cokali 1, kuma sai ya tafasa sosai kafin ki zuba. A ƙaramin ruwa sitacin yakan yi kauri ya manne ta. Ki juya a mintin farko, ki kuma tura itace don kada tafasar ta kwanta. Daga minti 7 ki fara ɗanɗanawa, ki sauke tun tana da ɗan ƙarfi a tsakiya, domin za ta ƙarasa a cikin kayan lambu. In taliyar murji ce, tun kafin nan ta nuna, ki tsaya a kanta.

Kafin ki tsane, ki ɗebi ruwan dahuwar kofi 1. Kada ki ɗauraye taliyar da ruwan sanyi kamar yadda aka saba. Wannan ɗan yauƙin da ke jikinta shi ke riƙe mai da ɗanɗano. Ki juye ta cikin kayan lambu, ki zuba rabin kofin ruwan, ki marmasa dunƙule, ki juya minti 2 a kan garwashi. In ta yi ƙamas, ki ƙara sauran ruwan. Ki ɗanɗana kafin ki ƙara gishiri, tunda cukun ma yana da nasa.

Yanzu ki zuba cukun, ki juya sau biyu kawai da bayan ludayi, ki yayyafa lawashi, ki sauke. Za ta ishi mutum 6 zuwa 8. Wadda ta rage kada ta kwana a zafin bazara saboda madarar da ke ciki. In za a ci da yamma, a yayyafa ruwa cokali 2 a ɗumama ta har ta yi zafi sosai.