Ƙwallo a hunturu, kurket a bazara: yadda ake haɗa su da karatu a Oxford

Wani ƙanena da ya samu gurbin karatu a Ingila ya kira ni makon jiya. "Yaya, wai da gaske mutum zai iya buga ƙwallo da kurket a jami'a, kuma ya fito da takarda mai kyau?" Na ce zai iya, amma amsar ta fi ƙarfin katin wayarsa, bari in rubuto masa. Shekara biyu na yi a Oxford, kuma kada wani ya zaci gwani ne ke magana. Jami'ar kwalejoji da yawa ne a haɗe, ni kuma kwalejinmu kawai na buga wa. A ƙwallo ina tsaron baya ta hagu, a kurket kuwa, wasan da ake dukan ƙaramar ƙwallo da sanda, ni ne na tara a jerin masu duka, wurin da ake ajiye wanda ba a sa ran komai daga gare shi.

Kafin ka sayi takalmi, nemi kalandar makaranta. Shekarar Oxford zango uku ce, kowanne mako takwas kacal. Michaelmas daga Oktoba zuwa farkon Disamba, Hilary daga Janairu zuwa Maris, Trinity daga ƙarshen Afrilu zuwa Yuni. Biyun farko na ƙwallo ne, cikin sanyi da taɓo, ga duhu tun ƙarfe huɗu na yamma a watan Disamba. Na ukun na kurket ne. Wasannin biyu ba sa cin karo da juna, shi ya sa tun zamanin da ake samun ɗaliban da ke yin duka biyun. Kurket da jarrabawa ne ke cin karo, domin ita ma a zango na uku take zuwa. Ƙwallo minti casa'in ce, ka yi wanka ka koma ɗakin karatu. Kurket kuwa ko na kwaleji zai cinye maka yammaci sukutum, na jami'a kuma wuni guda ne, wani ma kwanaki.

To, daga Yuni za ka fara lissafi, ka dawo baya. Rubuta ranar takardarka ta farko. Duk wani bita mai nauyi ka gama shi a hutun da ke tsakanin Maris da Afrilu, lokacin da ƙwallo ta ƙare kuma kurket bai kankama ba. Makonnin nan su ne rumbunka. Wanda ya ɓatar da su a yawon buɗe ido, a watan Mayu zai ga ta kansa.

Mutumin da nake ba kowa labarinsa a nan shi ne C. B. Fry. An haife shi a 1872, ya shiga kwalejin Wadham da tallafin karatu, ya wakilci Oxford a kurket da ƙwallo da tsalle-tsalle, har a 1894 ya zama kyaftin ɗin dukkan ukun. A 1893 ya yi dogon tsalle na mita 7.17, daidai da bajintar duniya ta lokacin. Daga baya ya buga wa Ingila ƙwallo a 1901, ya buga wa Southampton wasan ƙarshe na kofin FA a 1902, ya jagoranci Ingila a kurket a 1912. Kowa nan yake tsayawa da labarin. Ni abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne shekararsa ta ƙarshe a jami'a: bashi ya yi masa katutu, hankalinsa ya tashi har ya kwanta rashin lafiya, ya fito a 1895 da digiri mai daraja ta huɗu. Yaron da kaifin kwanyarsa ya samo masa gurbi ke nan. A wancan zamani ɗan wasa mai mutunci ba ya karɓar albashi, wasa don sha'awa yake yi, kuma sai a 1962 aka soke wannan bambanci tsakanin mai wasan sha'awa da mai karɓar albashi a kurket ɗin Ingila. Amma sha'awa da kuɗin uba ake yin ta, shi kuwa Fry ba shi da su. Idan irin Fry ya yi tuntuɓe, kai da kake zaune a kan tallafin da ba ya zuwa a kan lokaci sai ka yi taka tsantsan.

Sannan ka san matakin da kake nema. A sama akwai ƙungiyar jami'a. Wanda ya buga mata a karawar shekara da Cambridge shi ke samun lambar da suke kira Bulu, saboda launin rigar: shuɗi mai duhu na Oxford, mai haske na Cambridge. Tun 1827 ake wannan karawa a kurket, a filin Lord's na Landan aka fara, ta ƙwallo kuma tun 1874, shekarar da Oxford ta ci kofin FA ɗungurungum. R. E. Foster ya ci maki 171 a karawar 1900, kuma har yau shi kaɗai ne ya taɓa zama kyaftin ɗin Ingila a wasannin biyu. Yanzu samun Bulu biyu ya yi wuya ƙwarai, don kowace ƙungiya horo take so kusan duk shekara. 'Yan kurket ma a hunturu cikin zaure suke atisaye. Idan kana ganin ƙafarka ta kai, je gwajin ƙwallo a makon farko na Oktoba, ka bar kurket a matakin kwaleji. Can ne akasarinmu muke, ana gasar lig da kuma gasar sili-ɗaya-ƙwale da suke kira Cuppers, kuma kyaftin kullum neman cikon mutum na goma sha ɗaya yake. Ko ba ka taɓa riƙe sandar kurket ba, ka ce kana so, za a sa ka.

Kaya ba sai ka kashe kuɗi ba. Yawancin kwalejoji suna da jakar haɗaka mai sanduna da matasan ƙafa da safar hannu da hular kwano. Farin wando da farar riga za ka saya, sai kofin roban nan da ake sakawa cikin wando don kare gaba. Wannan kam ba a aronsa. Takalmin ƙwallo kuma ka nemi mai dogayen ƙusoshi, don filin Nuwamba kamar fadama yake.

Abin da ban samu mai gaya mini ba shi ne yadda ake cafke ƙwallon kurket. Ƙarama ce, nauyinta wajen giram 160, amma ɓawon itace ne aka naɗe da zare aka rufe da fata, tauri kamar goruba. Saura mako uku in shiga jarrabawa, wani ya ɗaga ta sama ta nufo ni. Na miƙa hannu yatsu suna duban ta, irin na mai tsaron gida. Ta sauka a kan ɗan yatsana na tsakiya, na hannun dama, na ji ƙas. Haka na shiga zauren jarrabawa cikin baƙar kwat da farin ɗaurin wuya da alkyabbar ɗalibai, farin fure a ƙirji kamar yadda al'adarsu take a takardar farko, ina rubutun awa uku da yatsu biyu ɗaure wuri guda. Haɗa tafukanka kamar mai ɗiban ruwan alwala, yatsu su dubi sama ko ƙasa, kada su dubi ƙwallon, in ta shigo ka janyo hannun zuwa jikinka. Kuma daga saura mako biyu ka ce wa kyaftin ya nemi wani. Zai yi ƙorafi, zai kuma samu.

Sauran abubuwa biyu namu ne, mu Musulmi. Bayan wasa mashaya ake tafiya, can ake raha, can ake tsara wasan gaba. Ni ina zuwa in karɓi ruwan lemo in yi rabin awa in tashi, kuma ban taɓa ganin wanda ya matsa mini ba, tunda na faɗa musu tun ranar farko. Na biyu azumi. A shekarata ta biyu ya faɗo a Yuni, rana ba ta faɗuwa sai bayan ƙarfe tara na dare. Kurket yana da hutun shan shayi a tsakiyar wasa, da burodi da kek jere a kan tebur. Nakan ɗauki littafin rubuta maki in zauna a inuwa, in roƙi kyaftin ya ajiye ni tsaro can bakin fili inda gudu bai da yawa. Matar da ke haɗa shayin ta lura, daga mako na biyu ta riƙa naɗe mini rabona a takarda, in sa a jaka in tafi da shi ɗaki.