Yadda za ka zana kaɗaici a gajeren fim ɗin katun

Yaran da nake koya wa zane a unguwar Nima da ke Accra, da an ce su nuna kaɗaici sai su zana mutum a ɗaki mai duhu yana zubar da hawaye. Ƙanena, ajiye hawayen nan. A zango irin namu, inda iyalai da yawa ke tsakar gida ɗaya, wa ke da ɗakin da zai kulle kansa? Mai kaɗaici a nan cikin mutane yake zaune.

Fara da neman abu ɗaya da mutuminka ke yi kullum. A ce tsoho ne da 'ya'yansa suka tafi Turai. Bayan Asuba yana zuwa sayen koko da ƙosai, mai koko ta zuba masa na mutum biyu kamar yadda ta saba tun matarsa na raye, shi kuma ya karɓa bai ce komai ba. Zana wannan sau uku, kowane karo ka canza abu guda: hasken safiya, ko rawar hannunsa wajen miƙa kuɗi. A kan irin wannan maimaici mai fim ɗin katun Michael Dudok de Wit ya gina gajeren fim ɗinsa Father and Daughter na 2000, wanda ya ci kyautar Oscar. Yarinya ce ke komawa bakin ruwa a kan keke, inda mahaifinta ya bar ta, har tsufa ya cim mata, kuma ba a furta kalma ko ɗaya.

Sai lissafi. Fim na tafiya da hoto 24 a daƙiƙa, amma yawanci 12 ake zanawa, kowanne ya fito sau biyu. Minti ɗaya zane 720 ke nan. To, kashe ƙarfinka a kan jama'a: 'yan makaranta, masu talla, trotro, wato motocin haya, na wucewa. Tsohon kuwa ka ɗora shi a shafi daban, ya tsaya cak na daƙiƙa biyar ko shida, ido kawai yake ƙiftawa. Manhajar zanen katun ta FlipaClip a waya ta ishe ka.

Kiɗan ban tausayi ba na son sa sam. Fita da wayarka ka naɗi hayaniyar kasuwar Nima da kiran yaran mota, ka riƙa rage ta a hankali duk lokacin da hoto ya matso fuskarsa.

In ka gama, nuna wa wani a gida ba tare da ka faɗa masa labarin ba. In ya tambaye ka ina matar tsohon, bar fim ɗin haka. In bai tambaya ba, koma wajen mai koko ka tsawaita lokacin da take zuba na biyun.