Idan ya ce zai watsa hotonki

Da farko dai, 'yar'uwa, idan wani ya ce zai watsa hoton tsiraicinki in ba ki ba shi kuɗi ba, kada ki tura masa ko sisi. Wanda ya karɓi dubu goma yau, gobe hamsin zai nema, tunda hoton yana hannunsa. Kuma kada firgici ya sa ki goge hirar. Ki ɗauki hoton saƙonnin barazanar, da lambar wayarsa, da sunan shafinsa, da lambar asusun bankin da ya turo. Sai kin adana su tukuna ki toshe shi.

Daga nan ki shiga StopNCII.org, shafin da ke taimakawa wajen hana yaɗa irin waɗannan hotuna. Wata ƙungiyar agaji ta Ingila ce ta buɗe shi a 2021 tare da Meta, kamfanin da ya mallaki Facebook, don masu shekara 18 zuwa sama. Na san za ki ce, ni da nake gudun a gani, kuma in ɗora shi a intanet? Kwantar da hankalinki, hoton ba ya barin wayarki. A cikin wayar ake ciro masa wata lambar shaida, kamar zanen yatsa, ita kaɗai ke isa ga Facebook, Instagram, TikTok, Snapchat da sauransu. Da zarar wani ya ɗora hoton, lambar ta dace, sai su duba su cire. Za a ba ki lambar ƙorafi, ki kuma zaɓi lambar sirri. Rubuta su a takarda, don idan sun ɓace ba a dawo da su.

Idan ba ki kai 18 ba lokacin da aka ɗauki hoton, shafin Take It Down na NCMEC, wata cibiyar kare yara ta Amurka, za ki nema. Hoton da ke wayarki kaɗai za ki yi amfani da shi, kada ki ce wani ya turo miki.

Inda gizo ke saƙa shi ne WhatsApp. Saƙonninsa a kulle suke, wannan lambar ba ta kama su. A can sai dai ki kai rahoton mai turawa, kamfanin ya karɓi saƙonninsa biyar na ƙarshe, sannan idan a zaure aka tura, ki nemi shugaban zauren ya goge wa kowa tun da zafinsa. Ku kuma masu turawa wai "don a yi hattara", ku ji tsoron Allah, ku ne ƙafafun da abin ke yawo da su.

A Najeriya akwai dokar laifukan intanet ta 2015, kuma 'yan sanda na da cibiyar yaƙi da waɗannan laifuka a Abuja. Kada ki je ke kaɗai. Ki faɗa wa yayarki ko gwaggonki da kika amince da ita, ta raka ki, ku tafi da hujjojin da kika adana.