Yadda ake haɗa fim ɗin ban tsoro na "tsintuwa" da kuɗin aljihu

Fim ɗin tsintuwa shi ne wanda ake nuna wa mai kallo kamar wasu ne suka ɗauki hoton da hannunsu, suka ɓace, daga baya aka tsinci kaset ɗin. Masu ƙaramin ƙarfi na son sa saboda ba ya cin kayan aiki. Oren Peli, wanda sana'arsa rubuta manhajar kwamfuta ce, ya ɗauki fim ɗinsa Paranormal Activity a gidansa na San Diego, Amurka, cikin mako guda, da kusan dala 15,000.

Kafin ka rubuta ko layi ɗaya, ka amsa wannan: me ya sa mutumin nan yake riƙe da kyamara, kuma me zai hana shi jefar da ita idan tsoro ya kama shi? A nan yawancin irin waɗannan fina-finai ke tuntuɓe. Wanda abu ya biyo yana gudu, amma yana saita hoto tsaf, ba mai kallon da zai yarda da shi. Peli ya kafa kyamarar a ɗakin kwana, tana ɗauka cikin dare mutanen na barci, magana ta ƙare.

Sai 'yan wasa. Nemi fuskokin da ba a sani ba, ka ba su gundarin labari, su ƙirƙiri zancen da bakinsu. Daniel Myrick da Eduardo Sánchez haka suka yi a The Blair Witch Project: suka saki mutum uku a dajin Maryland kwana 8 a 1997, kullum su ajiye musu takardar umarni, da dare su zo su girgiza musu tanti. Har abinci suka riƙa rage musu. Wannan kam ban ba ka shawara ba.

In kana da ɗan kuɗi, zuba shi a sauti. Hoto mai rawa ana yafe masa, muryar da ba ta fita ba a yafe mata. Kuma ban da kiɗa, don wa zai sa kiɗa a kaset ɗin da aka tsinta? Takun ƙafa a saman bene da ƙarar ƙyaure sun wadatar. Dodon ma ka ɓoye shi, abin da ido bai gani ba ya fi tayar da tsikar jiki.

Wajen tacewa kada ka ji tausayin abin da ka ɗauka. Kusan awa 20 Myrick da Sánchez suka matse zuwa minti 81.

Daga nan sai bukukuwan baje kolin fina-finai, inda masu rarrabawa ke zuwa farauta. Na Myrick da Sánchez ya samu mai saye a bikin Sundance a 1999. Na Peli an haska shi a bikin Screamfest a 2007, amma sai 2009 kamfanin Paramount ya kai shi sinima. Tun kafin ranar ɗauka ta farko, ka rubuta yarjejeniya da 'yan wasanka kan rabon riba: a 2024 mutum ukun nan na dajin Maryland sun fito fili suna neman kasonsu.