Zagayen Turkiyya a Bas Cikin Hunturu: Kurakuran da Mutanenmu Suka Fi Yi

Da Disamba ta kama za ka ga tallan kamfanonin tafiye-tafiye ya cika waya: kwana bakwai ko takwas a Turkiyya, bas guda da jagora guda, a tashi daga Istanbul zuwa Kapadokiya, a biyo ta Konya da Pamukkale da kufan Afisa, a ratsa Bursa a dawo. Farashi yakan sauko a wannan lokaci domin baƙi sun ragu, otal-otal na neman masu kwana. Da yawa daga cikinmu sun san Istanbul, amma ta Laleli da sarin kaya suka san ta, ba su taɓa leƙa cikin ƙasar ba. Tafiya ce da nake ba kowa shawarar ya yi in yana da hali. Sai dai yawancin abin da ke ɓata ta, tun a gida ake ƙulla shi, lokacin da mutum ya karanta jadawali yana auna hunturun can da na nan.

Ƙirga garuruwa, a manta da hanya

Wannan shi ne babba, sauran duk a bayansa suke. Mutum ya ga kamfani ɗaya ya jera garuruwa tara, ɗayan ya jera biyar, kuɗi kusan ɗaya, sai ya ce ai na tara ya fi riba. Bai duba taswira ba. Daga Istanbul zuwa Kapadokiya ya haura kilomita 700. Daga can zuwa Konya kusan 230, daga Konya zuwa Pamukkale kusan 400. In aka haɗa zagayen duka ya wuce kilomita 2,000, wato kamar mutum ya je Legas daga Kano ya dawo, a cikin mako guda.

Ga kuma gajartar yini. Tun 2016 Turkiyya ta daina sauya agogo, don haka a ƙarshen Disamba rana ba ta fitowa a Istanbul sai bayan takwas da kwata na safe, kafin shida saura kwata ta faɗi. Haske awa tara ne da 'yan mintuna. Wuraren tarihi da yawa suna rufe ƙofa da wuri fiye da lokacin bazara. Direba kuma doka ta ɗaure shi: ba ya tuƙi fiye da awa huɗu da rabi a jere sai ya huta minti 45, ba ya wuce awa tara a yini. In an yi dusar ƙanƙara a tsaunin Bolu ko a filayen Konya, gudu ya ragu. To a ina za a samo lokacin garuruwa tara? Abin da ke faruwa shi ne a tashe ku da duhu, ku isa wuri ana shirin rufewa, a ba ku minti ashirin na hoto, ku shiga otal da dare a gajiye.

Maganinsa, kafin ka biya ko sisi ka nemi jadawalin kowace rana a rubuce: ƙarfe nawa za a tashi, kilomita nawa za a yi, a ina za a kwana. Ka tambayi kowane wuri da aka lissafa, shiga za a yi ko wucewa ta gefe ana nunawa ta taga, domin a takardar talla duka biyun "ziyara" ake kiransu. Ka fifita shirin da zai kwana biyu a Kapadokiya. In akwai wanda ya haɗa da jirgi daga Istanbul zuwa Kayseri ko Nevşehir, filayen jirgin da ke kusa da Kapadokiya, tafiyar awa ɗaya da 'yan kai, ƙarin kuɗin ya cancanta, domin yini guda cur ya ceto maka.

Ka kuma gwada ranakun da kalanda. Fadar Topkapi, inda ake ajiye da kayayyakin da ake jingina wa Annabi (SAW) da sahabbai, a rufe take ranar Talata. Fadar Dolmabahçe ranar Litinin. Babbar kasuwar Istanbul mai rufi ranar Lahadi. Wanda ya ƙwallafa rai a Topkapi, aka ba shi Talata kaɗai a Istanbul, ya yi asarar da babu mai biyansa.

"Ai mun saba da sanyin Jos"

Ana yawan jin wannan magana a filin jirgi. Sanyinmu busasshe ne, da hantsi ya dubi ludayi an tuɓe rigar sanyi. Na Istanbul jiƙaƙƙe ne, ga ruwa ga iska daga teku. Kapadokiya kuwa tudu ce, sama da mita 1,000, dare yakan sauka ƙasa da sifili, wani lokaci har digiri 10 ƙasa da shi, kuma rana ta fito ba ta hana ƙanƙara zama a kan dutse.

Kuskuren ba rashin kaya ba ne kaɗai, har da irin kayan. Wani zai sayi ƙatuwar kwat guda ya ɗora a kan shadda. Cikin bas akwai na'urar ɗumama, sai ya yi gumi, ya fito iska ta buge shi, washegari mura. Abin da ke aiki shi ne kaya hawa-hawa: singileti da dogon wando masu ɗumi a jikin fata, suwaita a kai, sannan jaket mai hana ruwa da iska, yadda za ka cire ɗaya ka mayar. Hular sanyi mai rufe kunne, safar hannu, safa mai kauri. Kada kuma jaket ta tafi cikin akwati a ƙarƙashin bas, domin ba a buɗe wurin sai an isa otal. Wanda bai samu masu kyau a gida ba ya saya a Istanbul ranar farko, can ne gidansu.

Takalmi ya fi komai muhimmanci, kuma shi aka fi rainawa. Titunan Afisa na marmara ne da ƙafafu suka goge shekaru aru-aru, ruwa kaɗan ya taɓa su sai santsi. Matakalan Goreme, wurin tarihi a Kapadokiya, sukan daskare. Takalmin fata mai sulɓin ƙasa da muke sawa da manyan kaya bai dace ba, a nemi sau-ciki mai ƙasan roba mai kaushi wanda ruwa ba ya ratsawa. Hajiyoyi su lura da tsawon abaya: in tana jan ƙasa za ta sha narkakkiyar ƙanƙara, a yini da jiƙaƙƙen gefe a ƙafa. A rage tsawonta kaɗan, a sa wando mai ɗumi a ciki.

Pamukkale tana da nata sharaɗin. Ba a taka farin dutsenta, wanda ruwan maɓuɓɓuga ke gangarowa a kansa, da takalmi, dole a tuɓe. Ruwan da ke ɓuɓɓugowa mai ɗumi ne, wajen digiri 35, amma inda bai gudana ba dutsen sanyi ƙarara. Ka taho da ƙaramin tawul da busasshiyar safa da ledar sa takalmi, kada ka daɗe.

Akwai abin da bai kamata a yi wasa da shi ba. Tsananin sanyi yana tayar da ciwon sikila, yana tayar da asma, yana wahalar da tsofaffi masu ciwon zuciya da hawan jini. Duk wanda zai tafi da mai ɗaya daga cikin waɗannan ya ga likita tukuna, ya yi inshorar lafiya ta gaske, magani kuma ya zauna a jakar hannu. Lambar gaggawa a Turkiyya 112 ce. Haka garin ƙarƙashin ƙasa na Derinkuyu, mai zurfin kusan mita 85: hanyoyinsa matsattsu ne, wasu sai a sunkuye, kuma in an shiga da jama'a a baya juyowa na da wuya. Mai ciwon baya ko gwiwa ko ƙuncin numfashi ya jira a sama ya sha shayi, babu abin kunya.

Salla a kan hanya

Saboda ƙasar Musulmi ce, sai mutum ya ɗauka komai zai tafi daidai da kansa. Masallatai kam ko'ina akwai, kusan kowace tashar hutawa a babbar hanya tana da ɗakin salla da wurin alwala. Amma bas ɗin na 'yan yawon buɗe ido ne daga ƙasashe daban-daban, kuma jadawalinsa bai san azahar ba. A gajeren yini, azahar da la'asar da magariba suna zuwa kusa da kusa, duk kana cikin mota.

Tun a gida ka zauna da malaminka a kan kasaru da haɗa salloli da shafa a kan huffi, ka san abin da za ka yi kafin ka tsinci kanka a gaban famfon ruwa mai kamar ƙanƙara. Huffin fata ana sayar da shi a shagunan da ke kewayen manyan masallatai. Ka yi alwala a otal da ruwan ɗumi kafin a tashi. Ka gyara manhajar lokutan salla ta koma garin da kake, Turkiyya tana gaban Najeriya da Nijar da awa biyu. Sannan tun daren farko ka sami jagora cikin mutunci ka gaya masa kuna buƙatar minti goma a tsayawar rana. Yawancinsu ba sa ƙi in an faɗa da wuri. Abin da ke kawo saɓani shi ne a ce a tsaya yanzu-yanzu a tsakiyar babbar hanya.

Wasu kuma sukan ƙi shan ruwa yini guda don gudun fitsari ya kama su a mota. Iskar na'urar ɗumama tana busar da jiki, ƙarshenta ciwon kai da kasala. A sha ruwa, a riƙe canjin lira, domin bayin wasu wuraren na kuɗi ne.

Arahar da ba araha ba

Kuɗin da aka rubuta a talla galibi otal ne da bas da jagora da karin kumallo da abincin dare. Abincin rana, abin sha, wani lokaci har tikitin shiga wuraren tarihi, daga aljihunka. Tikitin ba ƙaramin abu ba ne: tun farkon 2024 baƙon da zai hau benen masallacin Aya Sofiya na Istanbul don kallo yana biyan Yuro 25. Mai son ɗaki shi kaɗai yana da ƙari, ga ihsanin direba da jagora a ƙarshe. Ka nemi a rubuta maka abin da ke ciki da abin da ba ya ciki. Ka tabbatar kamfanin da zai karɓe ku a can yana da rajista da TÜRSAB, ƙungiyar kamfanonin tafiye-tafiye ta Turkiyya, jagora kuma yana rataye da katin lasisinsa. Kada ka biya kuɗin da ba a mayarwa kafin biza ta fito, kada kuma ka dogara da katin bankin gida shi kaɗai.

Balan-balan ɗin Kapadokiya, mai ɗaukar mutane a kwando ta tashi da su sama, ita ce ta ja rabin mutanen bas ɗin, kuma ita ce ba ta da tabbas. Hukumar sufurin jiragen sama ce ke ba da izinin tashi kowace safiya gwargwadon iska, a hunturu kuma sokewa ta yi yawa. Shi ya sa kwana biyu ya fi ɗaya. Ka ji sharaɗin mayar da kuɗi kafin ka biya. Shi kuwa abin da suke kira daren Turkiyya, a san cewa yawanci akwai giya da rawar mata a ciki, kada magidanci ya kwashi iyali ya je bai tambaya ba.

Sai tsayawar shaguna: darduma, tukwanen Avanos, jaket ɗin fata a kusa da Afisa, alewar lokum. Da kamashon waɗannan wuraren ake cike gibin arahar tafiyar. Za a ba ka shayi, a shimfiɗa maka darduma ashirin, kunya ta sa ka ji kamar dole ka saya. Ba dole. Mu da muka san ciniki bai kamata a same mu a nan ba. Abin da ya fi ciwo shi ne awa ɗaya da rabi na hasken rana da shago ya cinye, don haka yawan tsayawar shaguna na cikin abin da za ka tambaya tun farko.

Zuwa da ido, babu labari

Wanda bai karanta komai ba, a rana ta uku duk duwatsu sun zama iri ɗaya. Ga Sultanhani a hanyar Aksaray zuwa Konya, wanda aka gina a 1229 zamanin Saljukawa: zango ne na fatake, inda ayari ke sauka da dabbobinsa a ba shi masauki kwana uku kyauta. Jikan fataken Gwanja ya tsaya a farfajiyar nan ya san abin da yake kallo. A Bursa, birnin da Turkawan Usmaniyya suka ci a 1326 suka mai da shi hedikwatarsu, akwai kabarin Usman, wanda ya kafa daular, da ɗansa Orhan da babban masallaci mai ƙubba 20. A Konya Jalaluddin Rumi, shahararren malamin Sufaye kuma mawaƙi, yake kwance, ya rasu ranar 17 ga Disamba 1273, kuma kowace shekara daga 7 zuwa 17 ga watan garin yakan cika maƙil da masu tunawa da shi, masauki ya yi wuya. Goreme kuwa majami'u ne na Kiristocin da, da aka sassaƙa cikin dutse, da zane-zanen mutane a bango, gara mutum ya sani kafin ya shiga. In an nuna maka kogo kusa da Afisa aka ce na As'habul Kahfi ne, ka riƙe cewa a Turkiyya kaɗai akwai Tarsus da Afşin da su ma ke cewa nasu ne.

Makara ma tana cikin kurakuran da aka san mu da su. In jagora ya ce takwas, takwas ɗin yake nufi, kuma minti ashirin ɗinka daga lokacin mutum arba'in aka yanke shi. Ka ajiye lambar wayarsa, ka ɗauki hoton lambar bas ɗin, domin a tashar hutawa farare goma za ka tarar a jere.

Jirgin komawa gida kuma kada ya zama a daren da bas zai shigo Istanbul. A Janairun 2022 dusar ƙanƙara ta tsayar da babban filin jirgin birnin, hanyoyin shigowa suka toshe, mutane suka kwana cikin motoci. Ka bar kwana ɗaya ko biyu a tsakani. In hanya ta yi kyau, ka yi amfani da su ka ziyarci kabarin Abu Ayyub al-Ansari a unguwar Eyüp, wanda jadawalin kamfanoni da yawa ba ya sawa, sannan ka shiga Laleli ka yi sarinka da tsarabar gida a natse.