Idan an ce an soke zaɓen kansilanku, ga ta inda za ka fara

Sau uku ina ejan a zaɓen ƙananan hukumomi, kuma a na biyun ne na sha wuyar da ta sa nake wannan rubutu. Mun gama tattara sakamako wajen ƙarfe goma na dare a wani ajin firamare, da fitilar waya, baturen zaɓe ya miƙe ya karanta alƙaluma ya ce ɗan takararmu ya ci. Kwana biyu bayan nan muka ji a rediyo wai an soke zaɓen mazaɓarmu. Mu kuwa da rashin sani muka shiga zarya a ofishin hukumar zaɓe, yau a ce shugaba ya fita, gobe a ce yana mitin. Da muka je wa lauya, sai da ya riƙe baki, don saura ƙiris wa'adin shigar da ƙara ya wuce.

Tambayar farko da za ka yi ita ce: an riga an bayyana wanda ya ci, ko ba a bayyana ba? Nan ne iyakar take.

Kafin a bayyana, hukuma na da hannu. Ana soke akwati idan an yi aringizo, wato ƙuri'un da aka jefa sun haura yawan mutanen da aka tantance a rumfar. Ana iya ɗage zaɓe saboda tashin hankali ko ambaliya, amma Dokar Zaɓe ta 2022 ta ce sai dalilin ya zama ƙwaƙƙwara wanda za a iya tabbatarwa. Lura fa, akwatin da abin ya shafa ake sokewa, ba mazaɓa ɗungurungum ba. In tazarar da ke tsakanin na ɗaya da na biyu ta fi yawan masu zaɓen akwatin da aka soke, babu hujjar a ce zaɓe bai kammala ba. Yi wannan lissafin da kanka a wurin, ko a bayan kwalin sukari ne.

Bayan an bayyana kuwa, magana ta koma kotun sauraron ƙararrakin zaɓe. Ka tuna da Rochas Okorocha a 2019: baturen zaɓen kujerar sanatan Imo ta Yamma ya ce tilasta masa aka yi ya bayyana shi, INEC ta riƙe takardar shaidar cin zaɓe, amma kotu ta ce a ba shi. Daga baya sashe na 65 na dokar 2022 ya buɗe wa INEC 'yar ƙofa ta kwana 7, ta sake duba sanarwar da aka yi bisa tilas ko ta saɓa wa doka. Ƙofar ƙarama ce. Shi kuwa abin da ya faru a Adamawa a Afrilun 2023 wani abu ne daban: kwamishinan zaɓe Hudu Yunusa-Ari ne ya bayyana Aisha Binani a matsayin wadda ta ci zaɓen gwamna ana tsakiyar tattara sakamako, alhali aikin baturen zaɓe ne, shi ya sa aka yi watsi da sanarwar.

Sai ka san da wa kake yi. INEC ce ke zaɓen ƙananan hukumomi 6 na Abuja, sauran kuwa hukumar zaɓe ta kowace jiha ce, wadda sashe na 197 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya kafa. Kowace jiha da dokarta, da kotunta, da wa'adinta. Kada wani ya ce maka ai kwana 21 ne ka je ka miƙe ƙafa. Wannan na zaɓen gwamna da 'yan majalisa ne. Nemi kwafin dokar jiharku ka ga adadin da idonka, ka fara ƙirga daga ranar da aka bayyana sakamako, ba ranar da ka ji labarin sokewa ba.

Takarda ita ce makaminka. Kwafin sakamakon kowane akwati mai sa hannun jami'i da hatimi, da na tattarawar mazaɓa, ka ɗauke su hoto nan take ka tura wa mutum biyu. Nawa a cikin hula na ninke shi na fita da shi, da na cire ya jiƙe da gumi amma alƙaluman na nan. Bidiyon lokacin da ake sanarwa ma ya yi mana rana. Sannan ka rubuta wa hukumar kana neman dalilin sokewar a rubuce da sashen dokar da ta dogara da shi, a buga maka hatimin karɓa a kwafinka. Ko ba su amsa ba, shirun zai yi wa lauyanka amfani. Ka miƙa ka wuce, kada ka zauna jira.

In kuma aka soke aka ce za a turo kantoma ya riƙe, a nan ma akwai magana. Sashe na 7 na kundin ya tanadi zaɓaɓɓun shugabanni a ƙananan hukumomi, kuma ranar 11 ga Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta ce gwamna ba shi da ikon rushe su ya naɗa kantomomi. Ko zaɓen ƙananan hukumomin Ribas na Oktoban 2024, Kotun Ƙoli ce ta rushe shi a Fabrairun 2025, ba sanarwar rediyo ba.

Matasanku kuma ku riƙe su. A ranar da muka ji labarin, wasu har sun fara tara tayoyi a bakin titi, sai da wani dattijo ya tsaya a gabansu da sandarsa yana cewa, "Ya'yana, in kuka ƙona ofishin nan, da takardunmu za ku ƙona." Washegari da asuba muka kama hanyar birni da fayil ɗinmu a cikin leda.