Shawara ga masu son koyon saƙar kente a Ghana

Salam 'yan uwa, duk wanda tafiya ta kai shi Kumasi kuma yana sha'awar saƙa, don Allah kar ya tsaya a kasuwar Kejetia kawai, ya hau trotro, wato ƙaramar bas ta haya, ya je Bonwire ko Adanwomase, can masaƙan kente (zanen gargajiya mai launuka na Ghana) suke kuma ba nisa, za ka je ka dawo a yini ɗaya.

In ka isa fara da gaisuwa, kar ka zaro waya ka hau ɗaukar hoto sai ka nemi izini, sannan ku yi maganar kuɗin koyo tun kafin ka zauna don gudun jayayya. Ka sa wando mai faɗi kuma ka shirya cire takalmi domin da yatsun ƙafa ake taka igiyoyin da ke buɗe zare, hannu kuma na jefa ƙoshiya, wato ɗan katakon da ke ɗauke da zare, dama da hagu, a farko ƙafa da hannu ƙin jituwa suke yi wallahi, amma a hankali sai ka kama. Ƙyallen siriri ne, faɗinsa kamar inci 4, irin na masaƙanmu na gida, daga baya ake harhaɗawa a ɗinke ya zama zane.

Ka tambayi sunan kowane adon da ka gani, suna da ma'ana, misali Sika Futuro wato ƙurar zinare. Kuma ka saya a hannun wanda ya koya maka, shi ya ci wahalar. Juya bayan zanen ka duba, in ba ɗinkin haɗi kuma bayan ya koɗe to bugun kamfani ne.

Yarbanci ko Hausa ba lallai su ji ba, Twi ne yarensu, gara ka tafi da ɗan zango, wato mutumin unguwar Hausawa ta can, ya yi maka tafinta.